Kawuna Shida a Saman Dnipro, Rashin Barci a Garwa: Nazarin Lamarin Wani Ɗan Kasuwar Hatsi

Halin da ake ciki kafin Nuwamba 2024

Mutumin da wannan nazari ya shafa ɗan kasuwar hatsi ne a Garwa, arewacin Kamaru, shekarunsa sun ɗan haura 60. Alhaji kowa ke ce masa a kasuwa, a nan ma haka za a kira shi. Sana'ar ta gado ce. Da kaka ya sayi masara da dawa da gyaɗa daga ƙauyukan bakin Binuwai, ya zuba a sito, ya jira farashi ya ɗaga, sannan ya fitar zuwa Marwa da Kusuri, wani lokaci har Yola. Ribar shekara gaba ɗaya a wata uku take ƙulluwa: Nuwamba, Disamba, Janairu. Wanda bai cika sitonsa a lokacin ba, sai dai ya jira baɗi.

Babban ɗansa ya tafi Rasha a 2021, ya yi shekara guda yana koyon harshe, sannan ya shiga karatun likita a wani birni da ke gabas da Mosko. A ƙarshen 2024 yana shekara ta uku cikin shida. Da yaƙin Rasha da Yukren ya ɓarke ranar 24 ga Fabrairu 2022 an shiga damuwa a gidan, amma damuwar ta fi karkata ga yadda za a aika kuɗi, domin Western Union ta dakatar da aiki a Rasha. Aka samo hanya ta hannun 'yan kasuwa, rayuwa ta ci gaba.

Bokon Alhaji bai wuce firamare ba. Amma ba ya fashin labaran BBC da RFI da DW na Hausa, kuma lissafin da yaransa ke yi da waya shi da ka yake yinsa, ya riga su gamawa.

19 zuwa 23 ga Nuwamba 2024: yadda abin ya fara

Ranar 19 ga wata Yukren ta harba makaman ATACMS ƙirar Amurka cikin yankin Bryansk na Rasha. A ranar ce kuma Shugaba Putin ya sa hannu a kan sabuwar manufar nukiliyar ƙasarsa, wadda ta faɗaɗa dalilan da za su iya sa a yi amfani da makamin. Ranar 21 Rasha ta harba sabon makami mai linzami mai suna Oreshnik daga sansanin Kapustin Yar na Rasha zuwa wata babbar masana'anta a birnin Dnipro na Yukren. Bidiyon ya zaga duniya: gungun wuta shida suna saukowa daga sama ɗaya bayan ɗaya cikin 'yan daƙiƙu. Hukumar leƙen asirin sojan Yukren ta ce kawuna shida ne, wato sassan gaban makamin da ke faɗowa a kan inda aka nufa, kowanne da ƙananan harsasai shida a cikinsa.

Kafin Juma'a bidiyon ya iso wayoyin kasuwar Garwa, haɗe da saƙon murya, wani da Hausa wani da Fulatanci. Saƙon na cewa makami ɗaya yana haihuwar 36, Rasha na da dubbansa, kuma yaƙin duniya na uku ba zai kai sabuwar shekara ba. Alhaji ya kalla ya sake kallo. Ranar Asabar 23 ga wata ya yanke shawara biyu. Yaro ya tattara ya dawo kafin ƙarshen Disamba. Sayen hatsi kuma a dakata, kuɗi su zauna a hannu saboda tikiti da abin da ka iya biyo baya. Daga daren nan barcinsa bai ƙara wuce awa uku ba.

Ƙarshen Nuwamba zuwa Disamba: abubuwan da aka gwada

Ɗan ne ya fara. Kullum sai ya kira ya ce, "Baba, wallahi nan lafiya lau, muna zuwa aji, kasuwa na ci." Har bidiyon titi ya ɗauko ya turo. Alhaji ya ɗauka yaro na ɓoye gaskiya ne don kada a raba shi da karatu. Zaman lafiyar titin kuma bai amsa tambayarsa ba, tunda shi abin da ya gani daga sama yake zuwa ba sallama.

Hajiya da ƙanin yaron suka fitar da shi daga zaurukan WhatsApp da ake turo saƙonnin. Kwana biyu ya gane, kuma kafin nan ya riga ya ji labaran a majalisa daga bakin waɗanda suka ƙara musu gishiri.

Aka yi sauka, aka yi sadaka, limamin unguwa ya zo gida ya yi masa nasiha a kan tawakkali. Wannan ya sanyaya masa zuciya ƙwarai, shi ma ya faɗa. Sai dai shawarar ba ta motsa ba, domin a wurinsa dawo da yaron shi ne ɗaure raƙumin da ake yi kafin a dogara.

Gwajin da ya fi yin ɓarna shi ne na ɗan ƙaninsa, ɗalibi a jami'ar Ngaundare. Ya zo da alƙaluma da nufin nuna wa kawunsa cewa ba mai hankalin da zai taɓa irin wannan makami. Ya ce cibiyar SIPRI ta Suwidin ta ƙiyasta kawunan nukiliya sama da 12,000 a duniya a farkon 2024, kusan kashi 90 cikin 100 a hannun Rasha da Amurka. Bam ɗin da ya rushe Hiroshima a 1945 ƙarfinsa kamar tan 15,000 ne na nakiya, alhali kai ɗaya samfurin W88 da ke kan makamin Trident na Amurka ya ninka wannan kusan sau 30. Makamin R-36M2 na Rasha kuwa kawuna 10 yake ɗauka. Alhaji ya yi shiru, ya ninka, ya raba da yawan manyan biranen da ya sani, ya ce, "Kai yaro, ashe abin ya fi yadda nake zato."

Sai wani dattijo ɗan asalin Njamena ya ƙara da nasa a majalisa. Ya tuna musu da bam ɗin da Faransa ta gwada a Reggane, cikin hamadar Aljeriya, ranar 13 ga Fabrairu 1960. Maganarsa na da tushe: taswirar sojan Faransa da aka fitar a 2014 ta nuna ƙurar gwajin ta kai kewayen Njamena, da ake kira Fort-Lamy a lokacin, ta kuma bazu zuwa Nijar da Nijeriya da Mali. Lokacin hunturu ne, hazo ya rufe Garwa, Alhaji ya fara kallon ƙurar da wani ido.

A tsakiyar Disamba aka auna jininsa a wani asibitin unguwa, 170 bisa 100. Aka ba shi magani, jini ya sauka, barci bai dawo ba. Zuwa ƙarshen wata sito bai kai sulusin abin da aka saba ba. Yaro ya ƙi yanke tikiti, yana ta kawo uzurin jarrabawa, uba kuma ya daina ɗaukar kiransa.

Janairu 2025: zama da tsohon malamin lise

A masallacin da Alhaji ke salla akwai wani tsohon malamin kimiyyar lissafi da fiziks da ya yi ritaya daga lise, wato babbar makarantar sakandare. Hajiya ce ta aika wa matarsa, shi kuma ya fara tsayawa a ƙofar gidan bayan La'asar.

Bai ce wa Alhaji ya kwantar da hankali ba. Da farko ma ya gaskata shi: makamin ya kai duk inda ake faɗa. Ya bayyana masa yadda babban irinsa, mai tsallaka nahiya, yake aiki. Roka ce mai hawa biyu ko uku, tana cin mai na 'yan mintoci, ta fita sararin samaniya sama da kilomita 1,000. A can sai wani ɗan ƙaramin sashe mai injinsa ya rabu da ita, ya riƙa gyara hanya yana sakin kawunan ɗaya bayan ɗaya, kowanne da inda aka nufa da shi, tsakaninsu na iya kai ɗaruruwan kilomita. Suna dawowa da gudun kusan kilomita 7 a daƙiƙa. Daga Rasha zuwa Amurka kamar rabin awa ne. Amurka ce ta fara girke irinsa a 1970, Minuteman III mai kawuna uku, sai Poseidon na jiragen ƙarƙashin teku a 1971. Tarayyar Sobiyet ta biyo baya a 1975.

Dalilin ƙirƙirarsa ma ya faɗa masa. A shekarun 1960 Sobiyet ta fara kewaye Mosko da makaman kakkaɓo roka. Amurkawa suka ga ƙara kawuna a kan roka ɗaya, haɗe da na bogi don ruɗar da na'urorin hange, ya fi arha nesa ba kusa ba a kan ƙera makamin da zai tare kowanne. Wannan Alhaji ya gane nan take, magana ce ta tsada da arha.

Daga nan malamin ya tona ramuka a ƙasa irin na dara, goma a gabansa goma a gaban Alhaji, ya sa tsakuwa ɗaya a kowanne. Ya ce kowane rami makami ne a cikin rijiyarsa ta kankare, kuma ƙa'idar masu tsara yaƙi ita ce sai an jefa kawuna biyu kafin a tabbatar an lalata rijiya ɗaya. "Bismillah, Alhaji, fara kai mini hari." Alhaji ya duba ya ce ba riba: zai ƙarar da gomansa ya kashe biyar, a bar shi hannu rabbana, abokin gaba na da biyar.

Malamin ya ƙara tsakuwa, kowane rami ya zama da goma. Wannan karon Alhaji bai jira tambaya ba. Rami biyu kacal zai kwashe, tsakuwa 20, ya share ramuka goma na abokin gaba da tsakuwa 100 da ke ciki, shi kuma ya rage da 80. Ya ɗago kai ya ce, "Malam, ai ka ƙara mini tsoro. Wanda ya riga bugu shi ya ci."

Malamin ya ce haka ne, kuma ba Alhaji ne ya fara ganin hakan ba. Henry Kissinger, wanda yake cikin gwamnatin Amurka lokacin da aka girke makamin, ya faɗa a 1974 cewa ya so a ce ya yi zurfin tunani a kan abin da zai haifar. Yarjejeniyar START II da shugaban Amurka Bush babba da shugaban Rasha Yeltsin suka sa wa hannu a Janairun 1993 ta haramta kawuna da yawa a kan makaman da ke girke a ƙasa, saboda wannan lissafin, ko da yake ba ta taɓa fara aiki ba. Amurka da kanta ta rage Minuteman III zuwa kai ɗaya, ta gama a 2014. Guda 400 ne yanzu a rijiyoyinsu.

Sannan ya ɗebi tsakuwa daga ramukansa ya zuba a aljihun rigarsa, ya tashi ya koma bayan Alhaji. "To bugi waɗannan."

Nan ne zancen jiragen ƙarƙashin teku ya shigo. Amurka na da 14 samfurin Ohio, kowanne na iya ɗaukar Trident 20, kowane Trident da kawuna da dama. Ingila tun 1969 ba ta taɓa rasa jirgi ɗaya a cikin teku yana sintiri ba. Faransa na da huɗu, sansaninsu kusa da Brest. Rasha na da samfurin Borei masu ɗauke da Bulava, ga kuma makaman Yars da ake yawo da su a kan manyan motoci cikin dazuzzuka. Wanda ya fara bugu zai iya share rijiyoyi, amma abin da bai san inda yake ba zai tsira, kuma jirgi ɗaya da ya tsira ya isa ya ƙone manyan biranen ƙasa. Yawan kawunan da ke sa rijiya ta zama abin kwaɗayin hari, shi ne ke sa jirgin da ya ɓuya ya zama abin da ba a son tsokana. Alhaji ya ce, "Kar ta san kar ke nan." Malamin ya ce iyakar abin ke nan, kuma a kansa ake zaune tun shekarun 1960.

A wani zaman suka koma kan bidiyon Dnipro. Abu biyu malamin ya nuna masa da saƙon muryar bai ambata ba. Kawunan ba na nukiliya ba ne. Kuma Rasha ta sanar da Amurka kamar minti 30 kafin harbin, ta hanyar da ƙasashen biyu suka ware don rage haɗarin nukiliya. Ya ce wanda ya yi niyyar gamawa da kai ba ya kiranka a waya ya ce ga shi nan tafe. Gargaɗi ne aka aika wa Turai da Amurka, da makami mai ban tsoro.

Bai ɓoye masa ɓangaren da ba daɗi ba. Ranar 26 ga Satumba 1983 na'urar Sobiyet ta nuna Amurka ta harbo makamai, wani hafsa mai suna Stanislav Petrov ya ƙi yarda da ita, kuma ashe hasken rana ne a kan gajimare. A Janairun 1995 rokar binciken kimiyya daga Norway ta sa aka kai wa Yeltsin jakar umarnin nukiliya. Haɗarin kuskure na nan, kuma kawuna da yawa a rijiya suna ƙara shi, tunda mai su na jin ko ya harba da wuri ko ya rasa duka. Sai dai ya tambayi Alhaji: in kuskure ne, wa zai ba ka sanarwar wata guda ka yanki tikiti? In kuma babban yaƙin ne, kai da kanka ka ji inda ƙurar 1960 ta kai.

Fabrairu 2025: abin da aka tsayar

Alhaji ne ya kira ɗansa. Suka raba abin gida biyu: wanda tikiti ke magani da wanda ba ya magani. A kashin farko suka sa rufe filayen jiragen sama, harin jirage marasa matuƙa a birnin da yake, rufe jami'a, ko sanarwa daga ofishin jakadancin Kamaru a Mosko. In ɗaya ya faru, yaro ya fito ba sai ya nemi izini ba, ta Istanbul ko Addis Ababa. Aka aika masa kuɗin tikiti ya ajiye daban, aka duba wa'adin fasfo. Uban ya ƙara sharaɗi ɗaya da ya fi kowanne ƙarfi a wurinsa, saboda rahotannin da ake ji na 'yan Afirka da ake ruɗa da albashi su shiga sojan Rasha: kada ya sa hannu a kowace takardar aiki sai ya karanta masa ita a waya.

Ragowar kuɗin aka mayar kasuwa. Masara ta riga ta yi tsada, don haka ya juya ga masakwa da ake girbewa a Fabrairu da Maris. Sito ya kai kamar kashi biyu cikin uku na abin da aka saba, ribar shekarar kuma ta yi ƙasa sosai. Kafin azumi barci ya koma awa shida. Maganin hawan jini dai ya zauna.

Mayu da Yuni 2025: gwaji

Daga 7 zuwa 10 ga Mayu Indiya da Pakistan suka yi musayar wuta, saƙonnin murya suka dawo. Ranar 1 ga Yuni kuma jirage marasa matuƙa na Yukren suka lalata jiragen yaƙin Rasha masu iya ɗaukar nukiliya a sansanoni da dama, har da na Belaya a Saberiya. Wannan a cikin Rasha ne, kuma ya taɓa makaman da ake magana. Alhaji ya tare malamin a ƙofar masallaci da tambaya ɗaya: an taɓa jiragen teku da rokokin? Aka ce a'a. Ya kira ɗansa ya tambayi filin jirgi, aka ce yana aiki. Bai dakatar da ciniki ba. Yaro ya zo hutu a Yuli, ya koma a ƙarshen Agusta.

Hukunci

Gwaje-gwajen farko sun gaza ne saboda duk sun ɗauki tsoron Alhaji a matsayin ciwon da za a lallasa. Alhali tambaya ce yake da ita, mai ma'ana kuwa: in makami ɗaya na iya cin birni shida, me ya hana a harba? Ɗan ya amsa da hoton titi, iyali suka amsa da ɓoye waya. Ɗalibin jami'a ya kawo gaskiya, amma adadi tsagwaronsa, kuma mutumin da ya saba ninka buhu da farashi ba abin da zai yi da adadi sai ya ninka shi. Malamin ya yi nasara ne don ya sauya abin da ake ƙirgawa, daga kawunan da ake da su zuwa waɗanda za su tsira bayan bugun farko, kuma ya bar Alhaji ya fitar da amsar da hannunsa, har da amsar da ta fi tayar da hankali. Da ya tsallake lissafin tsakuwa 100 ɗin, da Alhaji ya gano shi da kansa daga baya, ya daina yarda da sauran.

Dole a faɗi kuma cewa lokaci ya taimaka. Sabuwar shekara ta zo ba a yi yaƙin da saƙon ya yi alkawari ba, wannan kaɗai ya rage wa saƙon daraja kafin malamin ya buɗe baki.

A ganina natsuwar da Alhaji ya samu ta ɗan zarce abin da halin duniya ya cancanta. Lissafin tsakuwar da aka ɓoye a aljihu ya dogara ne da shugabanni masu tsoron ramuwa, da na'urorin da ba su yi ƙarya ba, da yarjejeniyoyin da ke ba kowane ɓangare damar ƙirga na ɗaya. Na ukun nan yana zubewa. Amurka ta fita daga yarjejeniyar taƙaita makaman kariya a 2002. Ta makamai masu matsakaicin zango, wadda da tana nan da ta haramta irin Oreshnik, ta mutu a 2019. Yarjejeniyar New START, wadda ta iyakance kowane ɓangare ga kawuna 1,550 a girke, Rasha ta dakatar da shiga cikinta a Fabrairun 2023, wa'adinta kuma ya ƙare ranar 5 ga Fabrairu 2026. Ba tare da iyaka ba, hanya mafi sauri ta ƙara ƙarfi ita ce mayar da kawunan da aka cire kan rokokin da ke nan.

Sannan lissafin bai zauna daidai a ko'ina ba. Sin ta sa kawuna da yawa a kan makaminta DF-5B. Pakistan ta gwada makaminta Ababeel a Janairun 2017, Indiya ta gwada Agni-V mai kawuna da yawa ranar 11 ga Maris 2024. Waɗannan biyun iyaka ɗaya suke da ita, tafiyar roka tsakaninsu 'yan mintoci ne, kuma Pakistan ba ta da jiragen ƙarƙashin teku masu injin nukiliya da ke ɗauke da irin waɗannan rokoki. Tambayar da Alhaji ya yi a ƙofar masallaci ta dace da 1 ga Yuni. Da a kan rikicin Mayu ya yi ta, da malamin bai sami amsa mai sauƙi haka ba.